Mai Rubutu a Sahun Baya

Ƙofar makewayi na rufuwa a bayan wani saurayi, Ammi Balgasim ya miƙa hannu kan kantar takalma ya ɗauke littafin, ya cusa shi cikin jibbarsa. Ɗan littafi ne mai baƙin bango, an ɗaure shi da roba. Ya koma ya ɗauki tsintsiya, ya ci gaba da share wurin da ya riga ya share.

An idar da azahar, jama'a sun watse. Shekara goma sha tara ke nan yana hidimar wannan ƙaramin masallaci na cikin lungun Halfawin a birnin Tunis, shi ke buɗewa, shi ke rufewa, shi ke shimfiɗa tabarmi, kuma bai taɓa ɗaukar ko allurar wani ba sai yau.

Saurayin ya fito yana yarfe ruwa daga hannuwansa. Ya dubi kanta, ya dubi ƙasa, ya leƙa har cikin takalmansa.

"Ammi, don Allah ko ka ga wani ɗan littafi a nan? Baƙi ne, yanzu na ajiye shi."

"Ban gani ba," in ji Ammi Balgasim, idonsa a kan tsintsiya.

Saurayin ya tsaya jim, fuskarsa ta canza. "To, zan dawo da magariba, ko Allah zai sa wani ya tsinta. Aikin wata huɗu ne a ciki."

Wajdi sunansa, iyakar abin da aka sani game da shi ke nan. Mako uku da suka wuce ya fara zuwa, ba ɗan unguwa ba ne, ba wanda ya san ubansa. Yakan yi salla a ƙarshen sahun baya, in an sallame sai ya jingina da ginshiƙi ya ciro littafi ya yi ta rubutu. Wani lokaci ma yakan riga kowa zuwa, ya zauna yana kallon masu shigowa ɗaya bayan ɗaya, yana duba agogo, yana rubutawa.

Ammi Balgasim kuwa ya san irin masu littafin nan. Shekara talatin da suka wuce, lokacin yana tela, wani mutum ya riƙa zama a gidan shayin da ke bakin lungu yana rubuta duk wanda ya fito daga sallar asuba. Ba a daɗe ba aka zo aka tafi da su, su bakwai. Wata goma sha huɗu ya yi a tsare, ya fito babu haƙora biyu, kunnensa na hagu kuma ya daina ji. An ce wancan zamani ya wuce, an yi juyin juya hali, an canza mutane. Shi dai bai ga an daina sayar da littafi da biro ba.

Saurayin na ɓacewa a kwana, Si Munji mai kifi ya shigo, ƙarnin kasuwa na biye da shi. Yayansa na cikin bakwai ɗin nan, kuma shi bai fito da hankalinsa daidai ba har ya rasu.

"Ka samu?"

Suka shige ɗan ɗakin ajiyar tabarmi suka buɗe littafin. Rubutu ne ƙanana a cunkushe, layi ɗaya Larabci, uku Faransanci. Faransancin su biyun bai wuce na cinikin kasuwa ba, amma akwai abin da kowa zai iya karantawa. A gefen kowane shafi an jera lokuta, sha biyu da minti arba'in da ɗaya, sha biyu da hamsin da uku. Ga kuma wasu sunaye da Larabci, an ja musu layi: Jar Hula, Mai Tari, Mai Kifi.

"Ga ni nan!" in ji Si Munji, yana dangwala yatsa a kan takardar. "Mai Kifi! Ga ka nan kai ma da jar hularka. Me kuma muke jira? Da an sallame magariba, ni da surukaina biyu mu ja shi bayan rumfar ƙanƙara, ya gaya mana wa ya aiko shi."

"In kun karya shi, kuma ya zama ba nasu ba ne fa?"

"In nasu ne fa, muka ƙyale shi? Ka manta da kunnenka?"

"Ban manta ba. Ka ba ni zuwa magariba, a karanta mini shi tukun."

"Wa zai karanta? Liman? Wanda albashinsa daga gwamnati yake fitowa?"

"Dalanda."

Si Munji ya yatsine fuska. "Wannan mai sigarin? Ai gara ka kai wa ɗan sandan da kansa."

Duk da haka ya karɓi makullin masallaci, ya ce shi zai buɗe da la'asar, amma ana sallame magariba ba zai ƙara jiran kowa ba.

Ammi Balgasim ya taka har Bab Sa'adun ya hau koren jirgin cikin gari mai zuwa Bardo. Hannunsa na dama bai bar ƙirjinsa ba. Wani mutum mai jarida ya zauna yana fuskantarsa, tasha biyu bai juya shafi ba. Saboda haka sai ya sauka kafin tasharsa, ya tsaya a bakin wani kantin magani kamar mai karanta talla, har jirgin ya wuce da mutumin, sannan ya ƙarasa da ƙafa, gwiwoyinsa na yi masa tsiya.

Ustaza Dalanda ƙanwar marigayiya matarsa ce. Shekara talatin da biyar ta yi tana koyar da falsafa a makarantar sakandare kafin ta yi ritaya, kuma a duk tsawon shekarun nan shi da ita ba su taɓa zama wuri ɗaya ba tare da sun tsokani juna ba. Shi yana shakkar addininta, ita tana shakkar hankalinsa, amma ita ce ta riƙa raka yayarta ƙofar gidan yari kowace Alhamis da kwandon abinci.

"Si Balgasim da kansa, har bene hawa uku!" in ji ta da ta buɗe ƙofa. "Ko dai aure za ka ƙara, ka zo neman izini?"

"Wace ce za ta aure ni, tana ganin irin dangin da na fara shiga? Rufe ƙofar, Ustaza. Sa sakata."

Ta dube shi, ta daina dariya, ta sa sakata. Ta dafa masa shayi da na'ana'a, ta saurari labarin mai rubutu har ƙarshe, sannan ta sa tabarau ta buɗe littafin. Ta karanta shafi ɗaya, ta koma farko, ta tsallaka tsakiya. Can sai kafaɗunta suka fara rawa.

"Me ya ba ki dariya?"

"Ɗan sandan nan naka ya sha littattafan Jamusawa da Faransawa har sun yi masa yawa. Ɗalibi ne, Si Balgasim. Digiri na uku yake yi a falsafa, a kan salla yake rubutu."

"Falsafa a kan salla. Mai neman sanin salla ai wurin malaman fiƙihu yake zuwa."

"Su za su gaya masa farillanta da sunnoninta. Shi wani abu daban yake nema." Ta cire tabarau, ta gyara zama irin na aji. "Bari in tambaye ka. Lokacin da kake can ciki, in ka ji takun takalmi a baranda yana matsowa, me ke faruwa?"

Bai so tambayar ba.

"Likita zai ce zuciyarka ta ƙara bugu, gumi ya keto. Gaskiya ne. Lauya zai ce an tauye maka haƙƙi. Shi ma gaskiya ne. Amma yadda takun nan yake a kunnen wanda ke jira, yadda ɗakin yake ƙanƙancewa, yadda minti ɗaya yake zama wuni, wannan ba ya cikin takardar likita ko ta lauya. To, akwai wasu masana a Jamus, shekara ɗari da wani abu da suka wuce, da suka ce daga nan ya kamata a fara. A bayyana abu yadda yake zo wa mutum, kafin a yanke masa hukunci. Daga baya wasu a Faransa suka ce, to, mu gwada haka da addu'a, da kira, da kyautar da ba a jiran ramuwarta. Yaron nan hanyarsu ya bi. Yana so ya rubuta yadda tsayuwa gaban Allah take ga mai tsayuwar. Maganar ko akwai Shi ko babu, wannan ya ajiye ta gefe tukun."

Ammi Balgasim ya dire kofin. "A'uzu billahi! A ajiye Allah a gefe?"

"Ba Allah ba, gardamar."

"Wanda ya iya ajiye wannan magana a gefe, ai ya riga ya amsa ta a cikinsa. Ni ban taɓa ganin mai jin ƙishirwa ya ce a ajiye maganar ko akwai ruwa ba."

"Wallahi da kana ajina da na ba ka maki mai kyau," in ji ta. "Abin da malaminsa yake faɗa ke nan, sai dai shi ta ɗaya gefen ya ɓullo. Saurara." Ta nemo wani shafi ta fassara masa. Wajdi ya rubuta cewa malamin da ke duba aikinsa ya kira shi ofis, ya ce ya gane take-takensa, so yake ya shigo da masallaci cikin sashen falsafa ta ƙofar baya. In bai kawo babin da zai gamsar da shi nan da ƙarshen wata ba, zai cire hannunsa daga aikin.

"Ka gani? Tsohuwar rigima ce. Can ma a Faransa an yi ta. 'Yan falsafa suka ce waɗannan masu wa'azi ne da suka ɓoye rawani a aljihu, malaman coci kuma suka ce a'a, sun ɗauki maganar Allah ne suka goge sunansa. Yaronka a jami'a ana ce masa ɗan masallaci, a masallaci ana ce masa ɗan sanda."

"Duk wannan ana iya rubuta shi don a rufe ido. Lokutan fa? Me ya haɗa falsafa da sha biyu da minti arba'in da ɗaya?"

"Tsakanin kiran salla da tayar da ita yake aunawa. Ya ce minti goma sha biyu a tashar mota da minti goma sha biyu a kan tabarma ba tsawonsu ɗaya ba, yana so ya gane dalili."

"Mai Kifi fa? Me ya ce a kansa?"

Ta nemo, ta karanta a hankali: "Mai Kifi yakan zo a ƙarshe, a guje, da hayaniyar kasuwa a bakinsa. A wurin alwala yakan wanke fuska a hankali fiye da yadda ake buƙata. Kafin wanki na uku kafaɗunsa sun sauka. Mutumin da ya wuni yana ihu a kan farashi, in ya ɗaga hannu ko na kusa da shi ba ya jin abin da yake roƙo."

Ammi Balgasim ya ji murmushi na neman ƙwace masa, ya danne. Shekara talatin ya san Munji, bai taɓa lura da haka ba, amma yana ji ya san gaskiya ne.

"Jar Hula kuma?"

Ustaza Dalanda ta rufe littafin a kan yatsarta. "La'asar ta yi. Ka yi salla tukun."

Ta shiga ɗaki ta fito da dardumar yayarta. Ya lura ba ta daɗe tana nema ba, kuma dardumar ba ta da ƙura ko warin ajiya. Ya dube ta, ta ɗauke kai ta kunna sigari a bakin taga. Da ya sallame ya zauna a kan dardumar ya ce, "Karanta."

"Wannan na ranar farko ne," in ji ta. "Jar Hula yakan shimfiɗa tabarmi tun sha ɗaya da rabi, ba kowa a masallaci. Yakan durƙusa ya daidaita bakin kowace da ta kusa da ita, ya shafe ta da tafin hannu, kamar mai jiran babban baƙo. Ba mu yake jira ba, don in mun shigo ko kallonmu ba ya yi. Da zan iya faɗin abin da ke cikin wannan shafar, da babina ya kammala."

Ta tsaya. Ya yi mata alama da hannu ta ci gaba.

"Wannan kuma na jiya ne. Jar Hula ya canza. Kwana goma ke nan ya bar wurinsa na bayan liman, ya dawo sahun baya kusa da ni. A ruku'u idonsa a kan ƙafata yake. A sujada yakan riga kowa ɗagowa. Na zo in ga mutum a gaban Ubangijinsa, na mayar da shi mutum a gabana. In haka ta ci gaba, zan daina zuwa. Babu babin da ya kai sallar dattijo."

Ammi Balgasim ya yi ƙoƙarin tuna surar da liman ya karanta jiya da magariba, ko shekaranjiya, ko ranar Juma'a. Bai tuna ko ɗaya ba. Abin da ya tuna shi ne safar yaron, shuɗiya ce, ta huje a babban yatsa.

"Wai ma yaya aka yi littafin ya zo hannunka?" in ji Ustaza Dalanda.

"Ya ajiye a kan kanta zai shiga makewayi."

"Kullum haka yake yi?"

"Kullum. Da wayarsa yake shiga, da jakarsa, amma littafin sai ya..." Bai ƙarasa ba. Ya karɓi littafin ya buɗe shafin farko. Bisimilla ce a sama, da kyakkyawan rubutu. Ya juya, ya sake juyawa. Kusan kowane shafi, a tsakiyar Faransancin, sunan Allah na nan da Larabci.

Ya daɗe yana kallo. Sannan ya ce, "Wanda ya rubuta mu a wancan zamani, shi ma yana salla. A sahun farko ma."

"Haka ne," in ji ta. "Ni abin da ke kan takarda na karanta maka. Abin da ke cikin yaron, ba ni da tabarau ɗin ganinsa. Tashi, rana ta yi sanyi, kuma na san Munji."

A wannan karon bai sauka kafin tasharsa ba. Ya iso bakin lungu ana shirin kiran magariba, yana haki. Si Munji na tsaye a ƙofar masallaci, surukansa biyu sun jingina da bango kamar masu shan iska. Daga ɗaya bakin lungun kuma ga Wajdi nan tafe, kansa a ƙasa, yana duban gefen kwata ko littafinsa ya faɗa can.

"Me ta ce?" in ji Si Munji ƙasa-ƙasa. "Me ya rubuta a kaina?"

"Ya ce kana wanke fuska a hankali."

"Me?"

"Ɗalibi ne. Sallami mutanen nan su je su yi alwala."

"Ka tabbata, Balgasim? Ka rantse?"

"Ban tabbata ba, kuma ba zan rantse ba. Amma duk wanda zai kai shi bayan rumfa, sai ya fara kai ni."

Si Munji ya zuba masa ido, ya ja dogon tsaki, ya juya ya yi wa surukansa alama da haɓa. Suka shige wurin alwala ba da son ransu ba.

Ammi Balgasim ya tari saurayin, ya ciro littafin daga jibba a gaban kowa, ya miƙa masa da hannu biyu.

"Ni na ɗauka, ɗana. Ka tambaye ni, na yi maka ƙarya a cikin ɗakin Allah. Ka yafe mini."

Wajdi ya karɓa ya rungume shi a ƙirji. Ya dubi dattijon, ya dubi bayan mutanen da suka shige, da alama sai yanzu ya fahimci abin da ya tsallake.

"Ka karanta, Ammi?"

"An karanta mini."

"To ka san na yanke shawara. Yau ce ranata ta ƙarshe a nan. Ni ya kamata in nemi gafara, da na fara neman izininka tun farko."

"Da ka nema da na hana ka." Ya tuɓe takalmansa ya ɗora a kanta. "Malamin naka ƙarshen wata ya ce, ko? Sha ɗaya da rabi nake shimfiɗa tabarmi. In za ka zo, ka zo da safa mai kyau."

Aka tayar da salla. Ammi Balgasim ya ratsa sahu ɗaya bayan ɗaya har ya kai tsohon wurinsa, bayan liman ta dama, inda duk masallacin yake bayansa, da ƙofa, da ginshiƙi, da mai littafi. Nan take ya ji abin nan da ya sani tun shekara talatin, wani ɗan sanyi tsakanin kafaɗunsa, kamar an ɗora masa ido. Wuyansa ya so ya juya. Ya kafa idonsa a bakin tabarmar da ya daidaita da hannunsa da safe, ya karkato kunnensa mai ji wajen liman, ya ɗaga hannuwansa.